Gwamnati ta karɓi gonarmu ta gado, diyyar ba ta taka kara ta karya ba: ina mafita a shari'a?

Tambaya: Wani bawan Allah ya ce gwamnatin jiharsu ta karɓi gonarsu ta gado da ke bakin gari, wai za ta fitar da hanya ta kuma yi rukunin gidaje. A cikin gonar akwai bishiyoyin mangwaro da ɗorawa, da rijiya, da ɗakuna biyu na bulo. Ba su da takardar shaidar mallaka ta gwamnati, sai dai dagaci da maƙwabta duk sun san gonar tun ta kakansu ce. An zo an shafa jan fenti, an rubuta sunaye a ƙofar gidan mai unguwa, bayan wata da watanni aka kira su aka nuna musu kuɗin da ko fuloti ɗaya ba zai saya a unguwar ba. Wasu maƙwabta sun sa hannu sun karɓa, su ba su sa ba tukuna. Yana son ya san ko doka ta ba su wata hanya.

Amsa: Malam, Allah ya ba ku haƙuri, ya mayar muku da mafi alheri. Akwai hanya, har ma hanyoyi biyu, kuma rashin sa hannun da kuka yi ya bar muku duka biyun a buɗe. Ta farko ita ce ku ce karɓar gonar ma ba a yi ta bisa ƙa'ida ba. Ta biyu ita ce ku ce mun ji an karɓa, amma kuɗin bai yi ba. Mutane da yawa ta biyun kaɗai suka sani, alhali sau da yawa ƙarfin talaka yana cikin ta farko. Kafin mu shiga cikinsu sai ka san matsayinku a idon doka.

Tun ranar 29 ga Maris 1978, da aka kafa Dokar Amfani da Ƙasa, duk ƙasar da ke cikin jiha tana hannun gwamna a matsayin amana. Abin da ni da kai muke da shi haƙƙin zama ne da amfani. Mu a Arewa wannan ba baƙon abu ba ne, domin dokar ƙasa ta Jihar Arewa ta 1962 kusan haka ta tsara. To amma kada wani ma'aikaci ya razana ku da cewa "ai ba ku da takarda". Sashe na 34 da na 36 na dokar sun ɗauki wanda yake riƙe da gida ko gona tun kafin 1978 tamkar wanda aka ba takarda, kuma haƙƙin yana sauka kan magadansa. Kotun Ƙoli ma tun a 1976, a shari'ar Idundun da Okumagba, ta lissafa hanyoyi biyar na tabbatar da mallakar ƙasa, takarda ɗaya ce kawai daga cikinsu. Tarihin gado na ciki, daɗewa ana noma wuri ana cin amfaninsa ba mai jayayya na ciki, haka mallakar gonar da ke maƙwabtaka. Saboda haka dattijon da ya ga mahaifinku yana dasa mangwaron nan shaida ne mai daraja, ku lallaɓa shi a rubuta bayaninsa tun yana da rai da lafiya.

Yanzu ga maganar da ba ta da daɗin ji, amma gara ka ji ta daga bakina da ka ji ta bayan ka kashe kuɗin lauya. Dokar ba ta biyan kuɗin ƙasa ita kanta. Sashe na 29 ya ce abin da za a biya shi ne darajar abin da ka raya a kan ƙasar, wanda amfaninsa bai ƙare ba a ranar da aka soke haƙƙinka. Ƙasa tsurarta, iyakar abin da aka tanada mata shi ne kuɗin hayar ƙasa da ka biya wa gwamnati a wannan shekarar, in ka biya. Manomin da ya gaji gona ba ya biyan irin wannan kuɗi, ke nan a kan ƙasar ba shi da ko sisi. Gini kuwa ana lissafa abin da za a kashe a sake irinsa, sannan a cire tsufan da ya yi. Amfanin gona da bishiyoyi sai yadda jami'in gwamnati ya ƙayyade, kuma jami'in da doka take nufi shi ne babban jami'in filaye na jiha. Wato mai karɓa shi ne mai yanka farashi.

Ni dai a ganina wannan sashe zalunci ne da aka yi wa rigar doka. Gonar da ke bakin gari, wadda dillalai ke zawarcinta da miliyoyi, a ce darajarta ita ce dawar da ke tsaye a kai da 'yan bishiyoyi, gobe kuma a yanka ta fulotai a sayar wa masu hali da tsada. An daɗe ana kiran a gyara dokar, amma an ɗaure ta a jikin kundin tsarin mulki ta sashe na 315, ba ta gyaruwa sai an bi irin doguwar hanyar da ake bi wajen gyaran kundin kansa. Har zuwa ranar da za a yi hakan, da ita za mu yi aiki, kuma ko a cikinta akwai haƙƙoƙin da ake danne wa mutane don kawai ba su san da su ba.

Ɗauki ranar ƙidaya. Ma'aikata uku ko huɗu za su sauko daga mota da fom a hannu, rana ta take, suna sauri su gama gona ashirin kafin la'asar. Ɗaya zai tsaya a bakin kunya ya ɗaga kai ya ce mangwaro shida, alhali tara ne. Biyu daga ciki zai rubuta su a matsayin ƙanana, ga su kuwa shekara da shekaru ana cika buhuna da 'ya'yansu. Rijiyar da aka ɗaure da siminti za a rubuta ta rami. Mai gona yana gefe yana ta godiya, a miƙo masa fom ya dangwala yatsa bai san abin da ke ciki ba. A nan ake cinye rabin diyya, tun kafin a je maganar farashi. Don haka ku koma gonar gobe-goben nan, tun katafila ba ta shiga ba. Ku ɗauki hoto da bidiyo na kowace bishiya, ku sa mata lamba da fenti, mutum ya tsaya a gindinta don a ga girmanta. Ku auna ɗakunan, ku ɗauki rufi da daɓe da ƙofofi. Ku samo safiyo ya fitar muku da taswirar gonar da iyakokinta. Sannan ku ɗauki ƙwararren mai ƙiyasta kadarori wanda yake da rajista, ya rubuta muku nasa rahoton ya buga hatiminsa. Rahoton nan shi ne abin da alƙali zai ɗora a sikeli ɗaya da na gwamnati. In babu shi, maganarku ba ta wuce "kuɗin ya yi kaɗan" ba, kotu kuwa ba ta yanke hukunci da wannan.

Ku kuma nemi a nuna muku jadawalin farashin da aka yi amfani da shi, da shekarar da aka tsara shi. Gwamnatin tarayya ta yi ta aiki da jadawalin 2008 har zuwa 2024 kafin ta sabunta shi, inda a shiyyar Arewa ta Tsakiya bishiyar mangwaro da ta isa haihuwa ta tashi daga naira 4,000 zuwa naira 105,000. Wannan na ayyukan tarayya ne, kowace jiha da nata, amma ya ishe ka gane irin asarar da tsohon jadawali yake jawowa, kuma hujja ce mai kyau a teburin sasantawa.

To mu dawo kan hanya ta farko. Gwamna yana da ikon soke haƙƙin mutum a ƙarƙashin sashe na 28, amma da sharuɗɗa, kuma kotuna sun daɗe da cewa duk dokar da za ta raba mutum da dukiyarsa sai an bi ta harafi da harafi, in an kauce ko kaɗan mai dukiya ke da nasara. Sharaɗi na farko sanarwa ce a rubuce, mai ɗauke da sa hannun jami'in da gwamna ya ba izini, kuma a miƙa ta ga mai wurin. Haƙƙinka ba ya faɗuwa sai ranar da takardar ta iso hannunka, ko wata rana ta gaba da aka ambata a cikinta. Sashe na 44 ya faɗi yadda ake isar da ita: a ba ka hannu da hannu, ko a ajiye a gidan da aka san kana zaune, ko a aiko ta gidan waya da rajista. Liƙawa a jikin gini ko bishiya sai in an yi bincike an kasa gano mai wurin ko adireshinsa. Jan fenti ba sanarwa ba ne. Shelar mai unguwa ba sanarwa ba ce, haka sanarwar rediyo, kuma kotuna sun sha cewa bugawa a jaridar gwamnati kaɗai ba ta wadatar. A bayaninka ban ji inda ka ce an ba ku wata takarda ba. In da gaske ba a ba ku ba, wannan ita ce babbar hujjarku, ka fara faɗa wa lauya ita kafin komai.

Sharaɗi na biyu, dole karɓar ta zama don amfanin jama'a, irin wanda sashe na 51 ya lissafa: hanya, jirgin ƙasa, lantarki, makaranta, tsara sabon gari da makamantansu. A 1974 Kotun Ƙoli ta rushe karɓar wata ƙasa a Warri, a shari'ar Ereku, saboda gwamnati ta karɓa ne ta miƙa wa wani kamfani mai zaman kansa. A 1991 ta sake jaddada haka a shari'ar Osho da kamfanin Foreign Finance, ta ce ba a ƙwace wa wani a ba wani don kasuwancinsa. Sai dai kada ka ɗauka duk inda ka ga ɗan kasuwa shi ke nan an ci nasara, domin a 1997, a shari'ar Lawson da Ajibulu, kotun ta yarda gwamnati za ta iya amfani da kamfani wajen aiwatar da aikin da asalinsa na jama'a ne. Naku ya haɗa biyu. Ɓangaren hanya da wuya a ture shi, kuma ban ba ku shawarar ku ɓata ƙarfinku a kansa ba. Ɓangaren gidajen ne abin bincike: wa zai gina, wa aka ba takardun fulotan, nawa ake sayarwa? In ta bayyana an fake da hanya ne aka haɗiye sauran gonar aka raba wa 'yan lele, kotu na iya dawo muku da wannan ɓangaren.

Dalilin da ya sa nake nauyaya wannan hanya shi ne, idan kotu ta ce sokewar ba ta inganta ba, gonar tana nan taku, shigar da aka yi kuma ta zama kutse. Diyyar kutse ba a ɗaure take da ƙuntataccen lissafin sashe na 29 ba. Lauyoyin gwamnati sun san haka sarai, shi ya sa da zarar sun duba fayil sun ga babu shaidar miƙa sanarwa sai murya ta sauko, a fara maganar a zauna. Amma sai an yi da wuri. Kotu tana ba da umarnin dakatar da aikin da ba a gama ba, ba ta dakatar da wanda aka riga aka kammala. In kwalta ta kwanta, gidaje sun tashi, maganar ta koma ta kuɗi kawai.

Hanya ta biyu, jayayya a kan yawan kuɗin. Sashe na 30 ya ce a kai irin wannan saɓani gaban kwamitin rabon filaye na jiha, wanda doka ta ce dole a samu masana ƙiyasi ko jami'an filaye aƙalla biyu da lauya ɗaya a cikinsa. Gwamna ne yake naɗa su, don haka kada ka sa rai da yawa. Duk da haka ku rubuta musu, ku haɗa da rahoton mai ƙiyasinku, ku ba ma'aikatar ƙasa da safiyo kwafi, a buga muku hatimin karɓa mai kwanan wata a kan naku kwafin. Amfanin wannan shi ne kada gobe a kotu lauyan gwamnati ya miƙe ya ce kun tsallake matakin da doka ta gindaya, a kori ƙarar tun ba a taɓa gundarinta ba.

Za ku ji ana cewa kotu ba ta da hurumin duba yawan diyya. Gaskiya ne sashe na 47(2) ya faɗi haka. Amma sashe na 44(1) na kundin tsarin mulkin 1999 ya ce ba a karɓar dukiyar mutum da tilas sai da dokar da ta tanadi biyan diyya ba tare da jinkiri ba, ta kuma ba shi damar zuwa kotu a tantance haƙƙinsa da yawan abin da za a biya shi. Tun a 1986 Kotun Ɗaukaka Ƙara, a shari'ar wani mai ƙara mai suna Kanada da Gwamnan Jihar Kaduna, ta ce wancan sashe na dokar ƙasa ba shi da tasiri a inda ya ci karo da kundin tsarin mulki. Ƙofar kotu a buɗe take. Kuma idan an ja lokaci ba a biya kuɗin gini ba, dokar ta ce a ɗora kuɗin ruwa a kan ma'aunin Babban Bankin Nijeriya. Na san da yawa daga cikinmu ba sa son taɓa wannan, hukuncinsa sai a tambayi malamai. Abin da zan ce kawai shi ne ku san yana cikin lissafi, kada a fitar da shi da sunanku ya ƙare a aljihun wani.

Akwai kuma musanya. Idan ƙaramar hukuma ce ta karɓi gonar da ake nomawa, sashe na 6 na dokar ƙasa ya wajabta mata ba manomi wata gonar a madadinta, in kuma ta ƙi biyan diyya gwamna na iya ƙiyastawa ya umarce ta ta biya. Idan gidan zama ne, sashe na 33 ya ba gwamnati damar tayin sabon matsuguni maimakon kuɗi. A yi hattara da wannan: wanda ya karɓa ya sallama diyyarsa ke nan, in kuma sabon wurin ya fi tsohon daraja, rarar bashi ce a kansa. Wasu jihohin kan ba masu gona wani kaso na fulotan da aka yanka. Tsari ne na gwamnati, doka ba ta tilasta shi ba, amma sau da yawa ya fi kuɗin hannu albarka nesa ba kusa ba. In an yi muku irin wannan tayi, kada ku yarda da alkawarin baki. A ba ku takardar rabo mai lambar fuloti, ku je ku ga turakunsa da idonku.

Ƙarar kanta Babbar Kotun Jiha ake kaiwa. Kotun Ƙoli ta tabbatar a 2000, a shari'ar Adisa da Oyinwola, cewa tana da hurumi har a kan gonakin karkara. Kotun shari'ar Musulunci za ta yi muku amfani ta wani gefen daban, wato tantance magada da kason kowa, kuma ku yi wannan tun yanzu. Na ga yadda rigimar 'yan uba take ba ma'aikata uzurin riƙe kuɗi shekaru, su ce sai kun daidaita. Kada a manta da mata da marayu a jerin sunaye. In ku da maƙwabtan da ba su sa hannu ba za ku haɗu ku shigar da ƙara ɗaya, ya fi sauƙin kuɗi ya kuma fi nauyi, sai dai a rubuta takardar wakilci kowa ya sa hannu, a kuma faɗa a cikinta cewa wakilai ba su da ikon karɓar sulhu sai sun dawo an amince. Kuɗin kowa ya faɗa asusunsa na banki kai tsaye. Dokar ta yarda a biya diyyar ƙasar al'umma ta hannun shugabanta, amma gonarku ta gado ba ƙasar al'umma ba ce, kada a cusa ta a wannan lissafi.

Lokaci kuma ba ya jira. Akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta ba da wata 3 kacal a kai ƙararsu. Kotun Ƙoli ta ce ba ta shafi ƙarar neman dawo da ƙasa ba, amma lauyoyin gwamnati ba sa fasa ɗaga ta, musamman in ƙarar ta kuɗi ce zalla, don haka wanda ya shiga kotu cikin wata ukun ya huta da wannan gardama. Ƙarar ƙasa ita ma tana da wa'adi, shekara 12 a Abuja da Legas, shekara 10 a jihohi da dama. Wasu hukumomin kuma dokarsu ta ce sai an ba su sanarwar niyyar kai ƙara, galibi ta wata guda. Tarkon da ya fi kama mutane shi ne "ku dawo wata mai zuwa, fayil yana ofishin mai girma". Zaman sulhu ba ya tsayar da wa'adi. A shigar da ƙara, a ci gaba da sulhun a gefe, in an daidaita a kai takardar gaban alƙali ta zama hukuncin kotu.

Game da sa hannu: takardar da ake bayarwa ranar biya yawanci tana cewa ka karɓi cikakken haƙƙinka, ba ka da sauran magana. Wanda ya sa hannu a kan wannan ya ci kuɗin, da wuya kotu ta saurare shi daga baya. In talauci ya matsa dole sai kun karɓa, to lauya ya fara aika wasiƙa cewa kuna karɓa ne a matsayin wani ɓangare, ba ku yafe ragowa ba, a kuma rubuta haka a jikin takardar kafin a sa hannu. Ko da hakan, karɓar tana raunana hanya ta farko, don da wuya ka ce ba a karɓi gonarka bisa ƙa'ida ba alhali kuɗinta na aljihunka.

Ban da kotu, kuna iya kai kuka Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, kyauta ne, amma ba ta karɓar abin da ya wuce wata 12 ko wanda yake gaban kotu. Kwamitin koke na majalisar dokokin jiha ma yakan sa a motsa fayil. Ku bincika kuma ko da kuɗin Bankin Duniya ake aikin, domin ƙa'idarsa ta fi dokarmu tausayi: tana neman a biya cikakken kuɗin maye gurbi ba tare da cire tsufa ba, kuma a biya kafin a tayar da mutane. Abin da nake roƙonku da shi, kada matasa su tare katafila da jikinsu ko su taɓa ma'aikata. Abin da ya faru da manoman yankin madatsar ruwa ta Bakolori a 1980, da aka buɗe musu wuta a kan rigimar diyyar gonakinsu, har yau ba a manta da shi ba. Ko bai kai haka ba, ƙarar laifi ɗaya ta isa ta mayar da mai neman haƙƙi mai neman beli.

Sai kuma ka san cewa cin nasara a kotu daban, kuɗi su shigo hannu daban. Dokar zartar da hukunci, a sashe na 84, ta ce kafin a kama kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati sai da amincewar Antoni Janar, wanda sau da yawa shi ne ya kare gwamnati a shari'ar. Shi ya sa nake fifita sulhu mai kyau da aka ɗaure da hukuncin kotu, mai ranar biya a rubuce ko fulotai masu lamba, a kan hukunci mai yawan sifili da za a yi ta ɗaukaka ƙara a kansa. Lokacin da za ku je wurin lauya, ku nemi wanda ya saba da shari'ar ƙasa, ku tafi da taswira da hotuna da rahoton ƙiyasi da sunayen shaidu da duk wata takarda da aka taɓa ba ku, ko ta harajin kakanku ce. In zai yi aikin ne a kan kaso daga abin da aka samu, a rubuta kason tun ranar farko, a kuma fayyace ko ya shafi fulotai ko kuɗi kaɗai.